Yaron Zariya da Ya Koyi Kallon Mutane

Ɗana, na san yadda kake son ƙwallon kwando. Na kuma san abin da ke cin ranka a 'yan kwanakin nan. Shekaru suna tafiya, tsawon da ka yi fata bai zo ba, wasu daga cikin waɗanda kuka fara tare sun yi maka nisa. Wannan ba abin kunya ba ne. A gasar NBA ƙungiyoyi 30 ne kacal, kowace tana riƙe da 'yan wasa 15 a babban jerinta. Mutum 450 ke nan daga duniya baki ɗaya. Yaran da ke kwana da wannan buri kuwa, Allah kaɗai ya san yawansu.

To, gyara zama in ba ka labarin wani da shi ma wasan bai kai shi inda ya so ba. Sunansa Masai Ujiri. Ka sha jin sunan, amma yawanci daga ranar da ya ɗaga kofi ake fara maka labarin. Ni daga can baya zan ɗauko.

An haife shi a garin Bournemouth na Ingila a 1970, lokacin iyayensa suna karatu a can. Mahaifinsa ɗan Najeriya ne daga yankin Delta, ma'aikacin asibiti. Mahaifiyarsa likita ce 'yar Kenya. Yana ƙaramin yaro suka dawo da shi gida, suka zauna a Zariya. A nan ya yi wayo. Hazon hunturun da ka sani, shi ma ya shaƙa. Ƙwallon ƙafa ya fara bugawa kamar kowane yaro, sai da ya kai shekara 13 ya kama ta kwando, a filayen waje marasa rufi. Akwai wani Ba'amurke mai horar da 'yan wasa a Jami'ar Ahmadu Bello, Oliver Johnson, wanda yara ke kira Koci OBJ. Masai yana cikin waɗanda suka taso a hannunsa. Gwaninsa kuwa Hakeem Olajuwon ne, ɗan Legas ɗin nan da ya je Houston ya zama abin kwatance. A mujallu da kaset ɗin bidiyo yaron yake ganinsa, yana cewa a ransa shi ma wata rana.

Ya tafi Amurka. Ya yi makarantar sakandare a Seattle, ya yi shekara biyu yana wasa a wata ƙaramar kwaleji a Bismarck ta jihar Dakota ta Arewa, inda sanyi ke daskarar da ruwa. Daga nan ya ƙetara Turai. Ya yi kamar shekara shida yana wasa a ƙananan ƙungiyoyi, yau Ingila, gobe Beljiyam. A 2002 ya ajiye. Ya haura shekara talatin, bai tara dukiya ba, kuma bai taɓa taka filin NBA da rigar ɗan wasa ba, ko na minti ɗaya.

Nan nake so ka ɗan tsaya, domin kusan nan kake tsaye yau. Mutane da yawa a daidai wannan wuri suke juya wa abin da suka so baya, har su ƙi jin sunansa. Ban ga laifinsu ba, rabuwa da buri tana da ciwo. Shi dai ya duba abin da ya rage masa a hannu. Ƙafa ta gaji, amma ido yana nan. Ya zauna a ƙasashe da yawa, ya san filayen wasansu, ya san masu horarwa, ya san inda yara masu tasowa suke.

A wannan shekarar ya raka wani matashi ɗan Najeriya gwaji a ƙungiyar Orlando Magic. Masu ƙungiyar suka ji yadda yake maganar 'yan wasa, suka ga ya san abin da yake faɗa. Sai suka ba shi aikin zaƙulo musu matasa a ƙasashen waje, amma babu albashi. Ya karɓa. Kuɗin mota da na jirgi daga aljihunsa suke fita. Dare ya yi, ya kwana a ɗakin aboki ko ya raɓa da wani abokin sana'a.

Bari in nuna maka yadda aikin nan yake, don kada ka zaci yawon buɗe ido ne. Mutum zai shiga ƙaramin ɗakin wasa a wani gari da ba a san sunansa ba, 'yan kallo ba su kai cikin mota ɗaya ba. Ya nemi benci ya zauna da ɗan littafinsa. Kowa yana kallon mai riƙe da ƙwallo, shi yana kallon wanda ba ta hannunsa. Ina yake tsayawa? Idan aka ƙwace ƙwallo, da gudu yake komawa tsaron gida ko da jan ƙafa? Idan koci ya cire shi ya zaunar, yana tafa wa abokansa ko kumbura fuska yake? Bayan an tashi, sai ya tsaya ya gaisa da mai horar da yaron, ya tambayi halinsa a gida da makaranta. Aikin manomi ne ranar zaɓen iri. Kowa yana murnar damin da aka ɗaure, shi yana juya zangarniya ɗaya bayan ɗaya, yana neman wadda za ta ba da amfani baɗi.

Ba ina ce maka ka je ka yi wa kowa aikin banza ba. A'a, ɗana. Akwai masu cin gumin yara da sunan koya musu aiki, kuma Allah ba ya barin wannan. Abin dubawa shi ne me kake ɗauka idan ka tashi. Shi yana tara sani, yana tara mutane, kuma rahotanninsa suna isa teburin waɗanda ke da ikon ɗaukar ma'aikaci. Shi ya sa abin bai daɗe ba. A 2003 ƙungiyar Denver Nuggets ta ɗauke shi da albashi. Ya yi mata shekara huɗu. A 2007 babban manajan Toronto Raptors, Bryan Colangelo, ya kira shi ƙungiyarsa, shekara ta zagayo ya zama mataimakin babban manaja. A 2010 Denver ta sake nemansa, wannan karon ta damƙa masa ragamar harkar wasan gaba ɗaya. Shi ne ɗan Afirka na farko da ya riƙe irin wannan kujera a manyan wasannin Amurka. Daga aikin da ba a biya zuwa nan, shekara takwas.

Me mai wannan kujera yake yi? Ba ya jefa ƙwallo, ba ya tsayawa bakin fili yana ba da umarni. Shi ke ɗaukar koci, shi ke sallamarsa. Kowace shekara ana zaɓen sababbin 'yan wasa, kimanin mutum 60 a zagaye biyu, shi ke cewa wane za mu ɗauka. Gasar ta sa iyaka a kan jimlar albashin da ƙungiya za ta biya, wanda ya zarce wani mataki sai ya biya haraji mai nauyi, don haka kowane kwantiragi sai an auna shi da na shekaru masu zuwa. Sannan akwai musaya. A tsarinsu, ana iya miƙa ɗan wasa ga wata ƙungiya, galibi ba tare da neman yardarsa ba. Mutum ya kwanta yana ɗan wannan gari, ya tashi an ce ya haɗa kayansa da iyalinsa. Ka riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Yana shiga ofis a Denver ya tarar da matsala tana jiransa. Tauraron ƙungiyar, Carmelo Anthony, yana son tafiya New York. Kwantiraginsa ya kusa ƙarewa, idan aka yi sake zai tafi ƙungiya ba ta samu ko sisi ba. Jaridu suka sa sabon manajan a gaba, kowa yana jiran ya firgita ya karɓi abin da aka miƙo masa. Bai yi gaggawa ba. Wata da watanni yana sauraron tayi, yana cewa a ƙara. Sai a Fabrairun 2011 aka daidaita da New York Knicks, Denver ta karɓi Danilo Gallinari da Wilson Chandler da Raymond Felton da Timofey Mozgov, haɗe da damar zaɓen matasa a gaba. Bayan shekara biyu wannan ƙungiya da aka ce ta rasa jigonta ta ci wasa 57 cikin 82. Aka ba shi lambar gwarzon shugaban ƙungiya na 2013. Gaggawa ba ta haifar da ɗa mai ido. Mai sayarwa da ya nuna a matse yake, shi da kansa ya karya farashin kayansa.

A ƙarshen Mayun 2013 ya koma Toronto a matsayin shugaba. Ita kaɗai ce ƙungiyar NBA da ke wajen Amurka, kuma manyan 'yan wasa ba sa ɗokin zuwa Kanada, suna tsoron sanyi da haraji. Wanda ba zai iya sayen gwanaye ba, dole ya rene su. Nan idonsa ya yi masa rana. A 2016 Toronto ta ɗauki Pascal Siakam a lamba ta 27, wani yaro ɗan Duwala ta Kamaru da bai fara wasa sosai ba sai da ya kusa shekara goma sha takwas. A shekarar kuma suka kawo Fred VanVleet, wanda aka kira sunaye sittin ba a kira nasa ba. Shekara ta gaba suka ɗauki OG Anunoby a lamba ta 23. Duk ukun nan sun zama manyan 'yan wasa. Ba shi kaɗai ya gano su ba, yana da ma'aikata masu yawo kamar yadda ya taɓa yi, kuma yana jin maganarsu. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Akwai wani ɗan tuntuɓe da ya yi wanda ba zan ɓoye maka ba. A Afrilun 2014, kafin wasa da Brooklyn, ya hau dandamali gaban dubban magoya baya. Ihun jama'a ya ɗebe shi, ya ɗura wa abokan karawarsu ashar. Kafin a tashi wasan ya ba da haƙuri, amma magana zarar bunu ce. Aka ci shi tarar dala dubu 25. Mutum ne mai natsuwa, ka ga dai abin da taro ke iya yi wa mai natsuwa. Duk ranar da ka ga ana tafa maka, ka ƙara kama bakinka.

Yanzu mu zo ga 2018, shekarar da ta fi kowace nauyi.

Toronto ta zama ƙungiya mai kyau, amma shekara uku a jere LeBron James da Cleveland suna fitar da ita a wasannin neman kofi. A biyu na ƙarshe ko wasa ɗaya ba ta ci ba. A kakar da ta ƙare a 2018 ta ci wasa 59, abin da ba ta taɓa yi ba, duk da haka labarin bai canza ba. Ujiri ya sallami koci Dwane Casey, dattijon da ya yi shekara bakwai yana gina ƙungiyar. Bayan 'yan makonni aka ba Casey ɗin lambar gwarzon koci na shekara. Ka ji irin surutun da zai biyo baya. Ujiri ya ɗora mataimakin Casey, Nick Nurse, wanda bai taɓa jan ƙungiyar NBA ba.

Sai maganar DeMar DeRozan. Yaron nan Toronto ta ɗauke shi a 2009, ya yi shekara tara a can. Babu wanda ya kai shi tara wa ƙungiyar maki. A 2016 da kwantiraginsa ya ƙare, ana ta cewa zai koma gida Los Angeles, bai ko zauna da wata ƙungiya ba ya sake sa hannu. A garin da taurari ke gudu, shi ya ce nan ne gidansa. A watan Yulin 2018 aka miƙa shi ga San Antonio Spurs tare da Jakob Poeltl, aka karɓo Kawhi Leonard da Danny Green. Kawhi gwani ne na gaske, amma wasa tara kawai ya buga a kakar da ta wuce saboda rauni, shekara ɗaya ta rage a kwantiraginsa, kuma bai nuna yana son zuwa Kanada ba.

Ujiri yana Kenya lokacin da cinikin ya faɗa. Shi da bakinsa ya ba da labari daga baya cewa ya yi awa biyu yana zagaya otal kafin ya samu ƙarfin halin kiran DeRozan a waya. Ka ɗauki hoton a ranka. Babban mutum, waya a hannu, ya je ya dawo, ya san abin da zai faɗa zai karya zuciyar yaron da ya riƙe masa amana. Bai tura wani ba, bai bari yaron ya tsinta a jarida ba. Wannan na yaba masa.

Amma DeRozan ya ji ciwo ƙwarai, kuma ba tafiyar kaɗai ta yi masa zafi ba. Ya ce kwanaki kaɗan kafin nan sun zauna, ya tashi da fahimtar cewa ba za a rabu da shi ba. Ujiri ya fito gaban 'yan jarida ya nemi afuwarsa kan rashin fahimtar da aka samu. A ganina, ɗana, nan ne gaɓar da ta fi cancanta ka yi nazari. Musayar kanta aikinsa ce, don ita aka ɗauke shi. Abin da ya bar tabo shi ne zaman da ya gabace ta. Mai iko yakan so ya kwantar wa na ƙasa da shi hankali, sai ya faɗi magana mai laushi da bai ɗauke ta alkawari ba. Wanda ake faɗa wa kuwa ya ɗauke ta ya kai gida, ya gaya wa matarsa, suka kwana da farin ciki. Idan Allah ya ɗora ka a kan mutane, ko da mutum biyu ne a shago, abin da ba ka da tabbacinsa ka ce ba ka da tabbas. Zai yi ɗaci a ranar. Amma gobe za ku iya haɗa ido.

Allah ya sa DeRozan mai yafiya ne. Da San Antonio ta zo wasa Toronto a Fabrairun 2019, ya shiga ɗakin tsofaffin abokansa, ya rungumi Ujiri, ya tambaye shi iyali. Ujiri ne ya faɗi wannan bayan sun ci kofi, kuma ya nuna abin ya taɓa shi sosai.

Kofin ya zo. A wannan Fabrairun ya ƙaro Marc Gasol daga Memphis. A wasannin neman kofi, a wasa na bakwai da Philadelphia, ana daidai da daidai, lokaci na ƙarewa Kawhi ya jefa daga kusurwa. Ƙwallon ta yi tsalle sau huɗu a bakin kwando, ɗaki ya yi tsit, sannan ta faɗa. Da ta zame waje, wataƙila da wani labarin ake bayarwa a kan Ujiri yau, alhali shawarar da ya yanke ita ce dai. Shi ya sa ba na son ka auna mutum da sakamako kaɗai. Bawa yana yin iyakar ƙoƙarinsa, Allah ke cikawa. Ranar 13 ga Yunin 2019 suka doke Golden State Warriors a Oakland, 114 da 110. Karo na farko ke nan da kofin ya bar Amurka. Siakam ya yafa tutar Kamaru a kafaɗa.

A daren nan kuma wani abu ya faru da har yau yake sosa min rai. Ana busa tashi, Ujiri ya nufi fili don ya yi murna da yaransa. Yana tafe yana zaro katin shaidarsa daga aljihun kwat, sai wani jami'in tsaro ya sa hannu a ƙirjinsa ya hankaɗe shi. Ya yi ƙoƙarin bayyana ko shi wane ne, aka sake hankaɗe shi. Sai shi ma ya mayar. Ɗan wasansa Kyle Lowry ne ya zo ya jawo shi cikin fili ya rungume shi. Daga baya jami'in ya kai ƙara, ya ce shi aka far wa. Sama da shekara guda ana kallon Ujiri da wannan zargi. Sai a Agustan 2020 hoton kyamarar da ke jikin jami'in ya fito, duniya ta ga wanda ya fara. A Fabrairun 2021 aka janye ƙarar. Ramin ƙarya ƙurarre ne. Abin da ya fi burge ni shi ne bayanin da ya yi. Ya ce baƙar fatarsa ce ta jawo masa, sannan ya tuna da dubban baƙaƙen da irin haka ke samu, ba su da lauya, ba su da kyamarar da za ta wanke su. Yana cikin nasa ciwon ya tuna da waɗanda ba su kai shi gata ba.

Bayan wata guda Kawhi ya tafi Los Angeles Clippers. Ƙungiyar ta ƙara shekara ɗaya da ƙarfinta, daga nan ta fara ja da baya. Masu sharhi suna cewa Ujiri ya daɗe yana riƙe da yaran da ya rena, har VanVleet ya tafi Houston a 2023 ba a samu komai a madadinsa ba. Akwai gaskiya a maganarsu. Ni kuma ina ganin wanda ya taɓa yin irin kiran wayar Kenya ba zai yi ɗokin maimaita shi ba. Da ya rabu da Siakam a Janairun 2024, a gaban 'yan jarida hawaye suka cika masa ido. Ƙungiyar ta ci wasa 25 a wannan kaka, ta ci 30 a ta gaba. Ranar 27 ga Yunin 2025, kwana ɗaya da gama zaɓen sababbin 'yan wasa, masu ƙungiyar suka sanar cewa sun rabu da shi. Shekara 12 ya yi yana kiran wasu yana gaya musu zamansu ya ƙare, ranar nan shi aka gaya wa. Duk kujerar da aka ba ka, ka zauna a kanta kana sane da cewa ta masu ita ce.

Abin da sallamar ba ta taɓa ba shi ne wanda ya fara tun ba shi da komai. A 2003, shekarar da ya fara karɓar albashin aikin zaƙulo 'yan wasa, shi da abokinsa Godwin Owinje suka fara tara yara a Najeriya suna koya musu wasa. Abin ya girma ya zama Giants of Africa, ya bazu ƙasashe da yawa, maza da mata. Ya kuma daɗe yana jagorantar sansanin da NBA ke shirya wa matasan Afirka. Kullum yana gaya wa yaran cewa kaɗan ne a cikinsu za su zama 'yan wasa, amma wasan yana buƙatar koci da alƙalin wasa da likita da lauya da ɗan jarida da mai kula da fili, kuma shi kansa shaida ne. A 2021 suka ɗauki alkawarin gina filaye 100 a faɗin Afirka. Bai jira ya yi kuɗi kafin ya fara ba, ka lura da wannan, domin yawancin masu cewa sai na samu, idan sun samu sai su ƙara wa'adi. Wata guda bayan an sallame shi yana Kigali ta Ruwanda tare da matasa daga ƙasashe 20, kuma a can aka buɗe wani katafaren wuri na wasanni da otal da ya gina da abokan hulɗarsa. Sunan da ya raɗa masa Zaria Court.

Saboda haka gobe da yamma ka je fili kamar yadda ka saba. Ka yi wasanka iyakar ƙarfinka, ba wanda ya ce ka daina. Amma idan ka fito hutawa, kada ka kama waya. Ka sayi ɗan littafi, ka zauna kusa da koci, ka zaɓi yaro ɗaya cikin ƙananan nan ka bi shi da ido har a tashi. Ka rubuta abin da ka gani, ka sa kwanan wata. Bayan wata shida ka buɗe ka ga inda ka dace da inda ka kuskure. Karatunka kuma ka riƙe shi da kyau, domin kwantiragi da lissafin albashi da Turanci da alƙaluma ake yin su. In ka cika shafi goma na farko, kawo min mu duba tare.